An Kankare Fuskar Monteil: Me Ya Rage wa Mai Alƙalami?

Ranar 15 ga Oktoba, 2024, gwamnatin soja ta Janar Tiani ta taɓa gine-ginen tarihi guda biyu a birnin Yamai. Na farko dutse ne mai ɗauke da fuskar Kwamanda Monteil, Bafaranshe. Aka kawar da fuskar, aka liƙa ta Thomas Sankara. Na biyu shi ne ginin tunawa da sojojin da suka mutu a yaƙin duniya na ɗaya da na biyu. Shi ba a rushe shi ba, suna aka sake masa da Zabarmanci, Bubandey Batama, aka ce daga ranar ya zama na duk wanda ya rasa ransa, soja ko farar hula, tun daga zamanin mulkin mallaka har zuwa yau.

Mai karatu a Kazaure ko Roni zai iya cewa ina ruwan biri da gada. To, da ruwa. Monteil ɗin nan ya sauka Sakkwato da Kano a 1891, ya wuce Kukawa a 1892, yana duba layin da Ingila da Faransa suka shata a takarda a 1890, daga Sayi zuwa Baruwa. Layin nan ne aka yi ta ja ana gyarawa har ya zama iyakar da ta raba mutumin Ɓaɓura da ɗan'uwansa na ƙasar Damagaram. Saboda haka ba mu zubar wa fuskarsa hawaye ba.

Gini na biyu ne ya tsaya mana a rai, domin rubutun jikin dutse shi ma rubutu ne, kuma haƙƙinmu ne mu yi masa nazari kamar kowane littafi. Tsohon rubutun ya yi ƙaryar rabin gaskiya: ya yabi baƙar fata don ya mutu wa Faransa, ya yi shiru game da yadda aka kamo shi daga ƙauye. Sabon kuwa ya tara kowa a kwando ɗaya da sunan "wanda aka zalunta". A nan gizo ke saƙar. Rundunar Voulet da Chanoine da ta ƙone Birnin Ƙonni a 1899, Turawan cikinta ba su kai goma ba. Sauran ɗaruruwan masu riƙe da bindiga 'yan Afirka ne. Su suka yi harbin, su ne kuma a watan Yulin shekarar suka juya suka harbe shugabannin nasu biyu, aka binne su a Maijirgi, kusa da Tasawa. Irin wannan soja, a wane layi dutse zai rubuta shi? Dutse ba ya iya faɗin magana biyu masu karo da juna. Ƙagaggen labari yana iyawa.

Shin marubutanmu sun iya? Mu ɗauki Sarraounia na Abdoulaye Mamani, wanda ya fito a 1980, Med Hondo ya mai da shi fim a 1986. Littafin ya yi abin da ba ƙaramin gini zai yi ba: ya ɗauko Sarauniyar Aznan Lugu, wadda takardun Faransa suka ambata a gurguje, ya kafa ta a zukatan 'yan Nijar. Wannan yabo ne da ba mai ƙwace masa. Sai dai a ganinmu Mamani ya sassaƙa gunki ne shi ma. Sarauniyarsa ba ta tuntuɓe, ba ta shakka, haske duk yana kanta, sojan haya kuwa ya fi bayyana a matsayin taro mai ta'asa da tsoron tsafi. Mun so a ce ya zaunar da mu cikin zuciyar ɗaya daga cikinsu dare guda kawai, daren da aka gama da Ƙonni.

Biyi Bandele, haifaffen Kafanchan, ya fi kusantar abin da muke nufi a Burma Boy na 2007. Jaruminsa Ali Banana yaro ne Bahaushe da ya ƙara wa kansa shekaru don a ɗauke shi soja, ya tsinci kansa a dajin Bama a 1944. Ba gwarzo ba ne, ba kuma abin tausayi kawai ba. Mai surutu ne, mai wauta, mai alfahari da yaƙin da bai san dalilinsa ba. Mun yarda da shi domin mun san irinsa. Mu da muka tashi a Arewa mun ga tsofaffin 'yan Bama da lambobinsu a ƙirji, wasu na gadi, wasu yara na yi musu dariya in sun fara fareti su kaɗai.

Abin kunyar namu ne, 'yan'uwa: littafi ɗaya da Faransanci, ɗaya da Turanci, alhali Sarauniya da Ali Banana duk da Hausa suka yi mafarki. Mamani ya rasu a 1993, Bandele a 2022. 'Ya'yan 'yan Bama kuwa suna nan da rai a garuruwanmu, gemunsu ya yi fari, kuma wasunsu har yanzu suna ajiye da takardar sallamar mahaifinsu a ƙasan akwati.