Mai Tace Hoto a Fina-finan Hausa: Hannun da Tarke Ya Tsallake

Tun fitowar Turmin Danya a Kano a 1990, nazarin fina-finan Hausa ya fi karkata ga jigo da tasirin fina-finan Indiya da taƙaddamar masu fim da malamai. Ayyukan Abdalla Uba Adamu da Brian Larkin sun kafa tubali mai ƙwari a wannan fage. Shi kuwa mai tace hoto, wato edita, sunansa yakan gilma ne a jerin ma'aikata, inda ba kowane mai kallo ke tsayawa ya karanta ba, kuma manazarta ma sun bi sahun masu kallon.

Ita kanta kalmar "tace" harshen damo gare ta. Da ita ake kiran aikin edita, da ita kuma ake kiran Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001. Alaƙar ta wuce ta suna. Idan hukumar ta ce a cire wata fitowa, edita ne zai koma kan kwamfuta ya yanke, sannan ya ɗinke ɓarakar yadda zaren labari ba zai tsinke ba. Wannan nauyi ya ƙaru daga 2007, lokacin da hukumar, ƙarƙashin Abubakar Rabo Abdulkarim, ta tsaurara ƙa'idoji. Saboda haka duk matarkin da ya ɗora laifin tsinkewar labari a fina-finan wancan zamani kan marubuci kaɗai, ba tare da ya binciki abin da aka yanke ba, ya zartar da hukunci ne da rabin shaida.

Hannun edita ya fi bayyana a waƙa. A situdiyo ake fara ɗaukar ta, daga baya jarumai su bi ta da baki a wurare mabambanta, cikin sutura iri-iri. Edita ne ke jera guntayen nan bisa bugun kiɗa, ya daidaita motsin leɓe da sauti. Idan ya kuskure da ƙiftawar ido, waƙar ta lalace komai daɗinta.

Zamanin fina-finai masu dogon zango, irin Labarina da Izzar So da suka yi tashe daga 2020, ya juya aikin. Mai sana'ar ragewa ya koma mai neman abin cike lokaci. A da yawa daga cikin shirye-shiryen YouTube za a ga hoton gari daga sama ana ta maimaita shi, gaisuwa ta ja tsawo, kiɗa ya danne magana. Kasuwa na da nata kason laifin, amma edita ma ba zai wanke hannunsa ba.

A Amurka, Thelma Schoonmaker ta karɓi kyautar Oscar sau uku kan tace fina-finan Martin Scorsese. A Kano kuwa, Ali Artwork ya daɗe yana tace fina-finai, amma yawancin masu kallo ba su shaida shi ba sai da ya fito gaban kyamara yana barkwanci da sunan Madagwal.