3.2 Hoton Al'adar Bahaushe a Ayyukan Ado Ahmad Gidan Dabino

An haifi Ado Ahmad Gidan Dabino a shekarar 1964 a ƙasar Dawakin Kudu, ya kuma tashi a cikin birnin Kano. Karatun allo ya fara yi, na boko kuwa sai da ya girma ya same shi a makarantar manya. Marubuci ne, maɗabba'i, ɗan wasa, kuma mai shirya fim, sannan ya kasance cikin jagororin ƙungiyar marubuta ta Raina Kama. A shekarar 2014 gwamnatin tarayya ta ba shi lambar girmamawa ta MON.

Littafin da ya fito da shi fili shi ne In Da So Da Ƙauna (1991), wanda ya mayar fim ɗin bidiyo a 1994. Jigon littafin soyayya ne, amma idan aka yi nazari da kyau za a ga cewa tambayar da ke ƙarƙashinsa ita ce: da me Bahaushe yake auna mutum, da hali ko da dukiya? Sumayya 'yar masu hali ce, tana son Muhammad talaka, magabata kuwa sun fi karkata ga Abdulƙadir mai kuɗi. Da abin ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, sai ta faɗa rijiya.

Wannan wuri shi ne ya fi jawo wa marubucin suka. Manazarta irin su Ibrahim Malumfashi sun kira ire-iren waɗannan littattafai adabin kasuwar Kano, wasu kuma suka ce ƙamshin finafinan Indiya ya yi yawa a cikinsu. Sukar tana da madogara, domin yunƙurin kashe kai saboda so baƙon abu ne a tarbiyyar Bahaushe, kuma addinin Musulunci ya haramta shi. A nan marubucin ya fifita jan hankalin mai karatu a kan hoton rayuwa na zahiri.

Sai dai kuma hukunta littafin da wannan wuri kaɗai rashin adalci ne. Muhammad bai gudu da yarinya ba, bai kuma yi wa manya tsaurin ido ba. Kunya da haƙuri su ne makamansa, kuma auren bai ɗauru ba sai da magabata suka amince. Wato ke nan marubucin bai yaƙi ikon iyaye ba, kwaɗayin da ya gurɓata ikon ya yaƙa.

Fitowarsa a fim ɗin tarihi na Juyin Sarauta (2017), wanda Balaraba Ramat Yakubu ta rubuta, ta ƙara nuna inda ya sa gaba. Bisa ga waɗannan dalilai, ana iya cewa Gidan Dabino ya ari salo daga waje, amma ma'aunin da yake auna taurarinsa da shi na gida ne.