Mishkatul Anwar na Imam Gazali: Alama, Ma'ana da Iyakar Tawili

Daga cikin littattafan Imam Abu Hamid al-Gazali (450 zuwa 505 bayan Hijira), kaɗan ne suka jawo jayayya irin wadda Mishkatul Anwar ya jawo, duk da ƙanƙantarsa. Littafin sharhi ne na Ayar Haske, aya ta 35 a Suratun Nur, an kuma raba shi fasali uku. Na farko yana tabbatar da cewa hasken haƙiƙa Allah ne, sauran haske kuwa aro ne. Na biyu yana bayanin sirrin misaltawa. Na uku yana magana a kan hijabai na haske da duhu.

Ƙashin bayan littafin yana fasali na biyu. Gazali ya ce duniyoyi biyu ne, ta bayyane da ta malakutu, kuma babu wani abu a ta farko face alama ce ta wani abu a ta biyu. Da wannan ma'auni ya karanta misalan ayar: alkuki shi ne ruhin ji da gani, ƙarau ruhin sawwarawa, fitila ruhin hankali, itaciya ruhin tunani mai rassa, mai kuwa tsarkakakken ruhin annabci.

Abin yabawa shi ne linzamin da ya sa wa wannan hanya. Da ya zo kan umurnin da aka yi wa Annabi Musa (AS) na cire takalmansa a kwarin Ɗuwa, ya fahimci ishara ta barin duniya da lahira don fuskantar Allah, amma ya nace cewa takalma na zahiri aka cire. Haka ya yi da hadisin mala'iku ba sa shiga gidan da ke da kare: a kori karen fushi daga zuciya, a kuma fitar da kare daga gida. Ya soki Baɗiniyya masu rushe zahiri, ya soki masu ƙanƙame zahiri kaɗai. Wannan ya dace da wanda ya rubuta Fada'ihul Baɗiniyya.

Sai dai akwai giɓi. Gazali ya hana ishara ta soke zahiri, amma bai shimfiɗa ƙa'idar da za a gane ishara ingantacciya daga ƙirƙirarriya ba. Me ya sa ƙarau ya zama sawwarawa, bai zama wani abu dabam ba? Hujjarsa dacewa ce tsakanin siffofi, ita kuwa dacewa ƙofa ce da kowa zai iya shiga. Rabon ruhi da ya yi amfani da shi ma yana da kusanci da ilimin nafsu na Ibn Sina.

Fasali na uku ya fi nauyi. An gina shi a kan hadisin hijabai saba'in, wanda malaman hadisi suka raunana da wannan lafazi, alhali abin da ya tabbata a Sahihu Muslim shi ne cewa hijabinSa haske ne. A nan kuma aka ambaci “wanda ake yi wa ɗa'a”, mai umurnin juya sammai, wanda ba shi ne Ubangiji ba. Ibn Rushd ya ga cewa Gazali ya karkata a nan zuwa ga masu falsafar da ya yi wa raddi a Tahafut. A 1949 Montgomery Watt ya yi da'awar cewa jingina masa fasalin aka yi, amma masana da yawa ba su karɓa ba.

Don haka Mishkat ba littafin farawa ba ne. Ɗalibin da ya ƙware a Larabci da usulu da tafsirin magabata zai amfana da shi, muddin ya riƙe cewa ishara ana ɗanɗanarta ne, ba a kafa aƙida ko hukunci a kanta. Allah ne mafi sani.