Nunin Tufafi Ko Wasan Kwaikwayo?

A 1971 ne Kansai Yamamoto, gwanin zayyana tufafi ɗan ƙasar Japan, ya kai nuninsa birnin Landan. Abin yabo a aikinsa shi ne dabarar da ya aro daga Kabuki, wasan kwaikwayonsu na gargajiya, inda ake fizge zaren da ke riƙe da rigar sama, ta zube, wata ta bayyana nan take a gaban 'yan kallo. Wato al'adar tana cikin ɗinkin kansa.

Amma kash! A gagarumin nunin da ya shirya a dandalin Red Square na Mosko cikin 1993, a ganina kiɗa da raye-raye sun danne tufafin. Nishaɗi kam an sha. To, wanda ke can ƙarshen taron dubban mutane, ina zai ga zare, balle ɗinki?