Zambo a Talabijin: Minista, Babban Sakatare da Manomin Kadawa

Gabatarwa

Wannan maƙala za ta duba yadda wasan kwaikwayon talabijin yake yi wa ja-in-jar ɗan siyasa da ma'aikacin gwamnati zambo, da abin da ya sa irin wannan zambo bai yi ƙarfi a wasannin Hausa ba.

Tushen Dariya

Fitaccen misali shi ne Yes Minister, wanda Antony Jay da Jonathan Lynn suka rubuta, BBC ta nuna daga 1980 zuwa 1984. Minista Jim Hacker yana da mulki a baki, amma fayil yana hannun babban sakatarensa, Sir Humphrey Appleby. Makamin sakataren harshe ne, wato doguwar magana mai ladabi wadda ba ta cewa i, ba ta cewa a'a. Dariyar duk ta dogara ne kan abu guda: minista baƙo ne, raɓa, sakatare kuwa ɗan gari.

A Nijeriya wannan tushe ya girgiza. Zamanin Gowon manyan sakatarori irin su Allison Ayida da Ahmed Joda sun yi ƙarfi ainun. A 1975 gwamnatin Murtala ta sallami ma'aikata kimanin 10,000, sannan gyaran 1988 ya mai da muƙamin na siyasa har zuwa lokacin Abaca. Wanda ya ga gemun ɗan'uwansa ya kama wuta ba ya yi wa maigida gardama. Saboda haka ba abin mamaki ba ne da Kwana Casa'in, wanda Arewa24 ta fara nunawa a 2019, ya fi ba da ƙarfi ga gwamna da 'yan jarida da maguɗin zaɓe, ma'aikaci ya zama ɗan rakiya.

Abin da Aka Bari a Baya

Wannan rashi ne babba, domin rigimar tana nan, salo kawai ta sake. Alal misali, a dubi aikin noman rani na Kura da Bunkure da Garun Malam. Gwamnatin Audu Baƙo ce ta gina madatsar Tiga, aka kammala a 1974, daga baya aikin ya koma hannun Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are, wadda aka kafa a 1976. Ɗan siyasa yana iya yin alkawarin ruwa da taki a dandali, amma ranar sakin ruwa da yashe magudana suna ga injiniya da takardar ofis. Idan tumatir ya bushe, kowanensu sai ya nuna ɗaya.

Kammalawa

Yes Minister bai cika barin ofis ba, wanda abin ya shafa ba safai ake ganinsa ba. Marubucin Hausa da ya kwaikwaye shi kai tsaye zai yi asara. Zambonmu yana bukatar mutum na uku a fage, wato manomin Kadawa, wanda shi ne ciyawar da giwaye biyu suke faɗa a kanta. Da bakinsa ya kamata a yi habaicin.