Kota Srinivasa Rao: Shekara 47 a Gefen Jarumi

Duk wanda ya saba kallon finafinan kudancin Indiya, musamman waɗanda ake juyawa zuwa Hausa, zai yi wuya a ce bai taɓa cin karo da fuskar wani dattijo mai sanƙo da kaifin ido ba, wanda yau a gan shi minista, gobe uban yarinya, jibi shugaban 'yan daba. Da yawanmu mun san fuskar, amma ba mu san sunan ba. Sunansa Kota Srinivasa Rao. An haife shi a Kankipadu cikin gundumar Krishna a 1942, ya rasu a Haidarabad ranar 13 ga Yuli, 2025, bayan ya fito a finafinai sama da 750, akasarinsu cikin harshen Telugu.

Ma'aikacin banki ne shi tun farko, yana wasan daɓe idan ya tashi daga aiki. Fim ɗinsa na farko shi ne Pranam Khareedu na 1978, amma sai a 1985 ya yi suna da Pratighatana, lokacin ya haura shekara 40, wato shekarun da babu daraktan da zai ba mutum rawa da waƙa da budurwa. Saboda haka dole ya nemi abincinsa a gefe, cikin waɗanda mu a nazarin adabi muke kira ƙananan taurari. Dalilin da ya sa muka kawo shi wannan fili ke nan, domin kuwa ƙananan taurari su ne marayun littattafanmu.

Mu ɗauki Aha Naa Pellanta na 1987, wanda Jandhyala ya ba da umarni. Kota ya fito a matsayin Lakshmipathi, attajiri marowaci. Ba a tsaya gaya wa mai kallo cewa mutumin nan marowaci ne ba. Sai aka nuna shi ya rataye kaza mai rai a gabansa, yana cin shinkafa gaya, yana kallon kazar yana lumshe ido kamar namanta yake tauna. Abin lura shi ne Kota bai yi wasan kamar yana neman a yi dariya ba. Da gaske ya yi shi, fuskarsa cike da gamsuwar wanda ya gano wata dabara da ta kuɓuce wa duniya. Marowacin bai san shi abin dariya ne ba, a ganinsa sauran jama'a ne wawaye. Marubucinmu kuwa sau da yawa zai cika shafi guda yana rantsuwa cewa Alhaji wane ko ƙwandala ba ta fita hannunsa, alhali har a rufe littafin ba mu ga Alhajin ya yi komai ba.

Haka kuma muguntarsa. A Gaayam na 1993, fim ɗin Ram Gopal Varma, ya fito a matsayin Guru Narayan, ɗan siyasa mai kisa, amma mai raha. Zai ba ka dariya, kana cikin dariyar sai ka tuna abin da ya aikata, dariyar ta maƙale maka a wuya. Mugun da ke zare ido yana daka tsawa daga farko har ƙarshe ba ya tsorata kowa, don an riga an san iyakarsa. Na Kota ba a sanin inda zai ɓullo.

Sai dai a nan ne gizo ke saƙar. Babban makamin Kota harshe ne. Shi mutumin gaɓar tekun Andhra ne, amma ya ƙware wajen kwaikwayon karin harshen Telangana, kuma da shi ya yi wasu fitattun miyagunsa, har da ministan lafiya na fim ɗin Ganesh na 1998. Gwaninta ce, babu musu. Amma mutanen Telangana sun daɗe suna kukan cewa masana'antar ta mayar da karin harshensu na miyagu da 'yan barkwanci, shi kuwa jarumi kullum da karin gaɓar teku yake magana. Wannan kuka yana cikin ƙorafe-ƙorafen da aka riƙa ji a fafutukar da ta kai ga kafa jihar Telangana a 2014. Ba za mu ɗora wa ɗan wasa laifin duka ba, tunda ba shi ya rubuta labarin ba, amma iya wasansa ya ƙara wa al'adar ƙarfi. Mu ma sai mu duba wa muke sa wa Sakkwatanci ko Hausar Gwari a baki cikin wasanninmu, kuma don me. (Mai kallon fassarar Hausa duk wannan ya wuce shi, domin muryar Kota ce farkon abin da ake cirewa.)

Aibi na biyu yawa ne. Fim 750 cikin shekara 47 ya kai kimanin 16 kowace shekara, kuma babu mai basirar da zai ƙirƙiro sabon mutum sau 16 a shekara. Bayan haɗuwarsa da Babu Mohan ta karɓu a Mamagaru na 1991, sai daraktoci suka yi ta maimaita ta, wannan ya yi shirme wancan ya kai masa shuri, har abin ya gundura. Da yawa daga cikin finafinansa ba wani tauraro ya gina ba, Kota kawai aka ɗauko ya yi Kota.

Ya samu lambar Nandi har 9, ya wakilci Vijayawada ta Gabas a majalisar jiha daga 1999 zuwa 2004, gwamnatin Indiya kuma ta ba shi Padma Shri a 2015. Amma a ganinmu wasan da ya fi nuna ko shi wane ne yana cikin Aadavari Matalaku Arthale Verule na 2007, inda ya fito uban Venkatesh, tsoho mai yawan faɗa da ɗansa marar aikin yi, wanda kuma ya je roƙa wa ɗan nasa soyayyar wata yarinya aka wulaƙanta shi. Babu kaza a nan, babu 'yan daba. Mutumin da aka shekara 20 ana ba shi mugunta da barkwanci ya sa 'yan kallo hawaye da rawar murya kawai, kuma tun kafin fim ɗin ya yi nisa uban ya mutu.