Littattafan Fada: Sarki Muke Gani, Ina Sauran Mutanen Gidan?

Duk wanda ya karanta Kano Ta Dabo Cigari na Alhaji Abubakar Dokaji, wanda ya fito a 1958, ya san daɗin Hausarsa. Marubucin ɗan gida ne, ya san sarauta ciki da waje, ya jero sarakuna tun daga Bagauda, wa ya gaji wa, wa ya yi yaƙi da wa. Wannan aiki ne babba, Allah Ya saka masa. Sai dai kusancin da ya ba shi sani, shi ne kuma ya ɗaure masa harshe. Wanda ke cin tuwon fada ba ya faɗin inda miya ta yi tsami.

To, ku dubi littafin da Heidi Nast, wata Ba'amurkiya, ta fitar a 2005 a kan sa-ɗakokin Gidan Rumfa, fadar da Sarki Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) ya gina. Ita ta cikin gida ta biyo. Ta nuna cewa matan nan ba zaman kulle kawai suke yi ba, suna da hannu a hatsin da ake tarawa daga ƙauyuka, da harkar rini. Sean Stilwell ma a 2004 ya bi sawun bayin sarki masu sarauta, irin su Shamaki da Ɗan Rimi da Sallama, waɗanda wani lokaci ƙarfinsu ya fi na hakimi. Aibin littattafan biyu ɗaya ne: da Turancin jami'a aka rubuta su, jikokin mutanen da ake magana a kansu da yawa ba za su iya karantawa ba.

Me ya shafe mu a nan Kuru? Ai da yawa. Kakanninmu da suka zo Filato ba da alkyabba suka zo ba, haƙar kuza da fatauci suka kawo su. Wasu ma tilas aka yi musu, lokacin diban gwamna tsakanin 1942 da 1944, kuma ta hannun hakimai da dagatai aka ɗebo su. Sanyi da yunwa sun kashe da yawa. Wannan labari ba kasafai za ka same shi a littafin yabon sarauta ba, sai a irin na Bill Freund na 1981, shi ma da Turanci.

Ba cewa nake a jefar da littattafan fada ba. A karanta su, amma da tambaya a baki: wa ya noma hatsin, wa ya riƙe linzamin dokin?

Tsofaffinmu da suka ga zamanin kamfanonin kuza suna ta tafiya ɗaya bayan ɗaya. Matasa, wayar nan da ke hannunku tana ɗaukar murya. Ku je ku zauna gaban Baba da Iya tun kafin a ce da mun sani.